Haihuwar Sosilos ta Biyu

Ni dai tun da ya sako ƙafa daga jirgi ban yarda da shi ba, kuma ban ɓoye wa kowa ba. Mutum ya sauka tsibirin da bai taɓa takawa ba, bai tambayi rijiya ba, bai tambayi mai gurasa ba, sai ya je ya durƙusa gaban kwalekwalen Agelas yana shafa haɗin katako kamar mai taya akuya a kasuwa. Ina zaune bakin gaɓa ina feɗe kifi ina kallonsa. Dogo ne, ramamme, gemu ya cinye masa fuska, kafaɗarsa ta hagu ta ɗan zube. Da ya gama shafe-shafensa sai ya miƙe ya dubi Agelas.

"Baba, wanda ya haɗa jirgin nan, ina zan same shi?"

Agelas shi ne babbanmu, kuma in yana ƙarya ko ƙifta ido ba ya yi. Ya ce ai gadonsa ya yi, mai haɗa shi ya daɗe a ƙasa.

Baƙon ya ce, "Katakon har yanzu yana ƙamshi. Ku gaya wa Tarsagora ɗansa Sosilos ya zo."

Saura kaɗan in datse yatsana.

Ni ce ungozomar tsibirin nan, Melisso, kuma duk yaron da ya faɗo hannuna ya san sunan Sosilos kafin ya san na kakansa. Tarsagora gwanin sarkin Kirit ne a da. Ya yi wa sarki gine-ginen da babu irinsu, sarki kuwa don kada wani sarki ya samu irinsu sai ya kulle shi a saman hasumiya shi da ɗansa. A can ya tara gashin tsuntsaye da kakin zuma da igiyar fata, ya haɗa fukafukai, nasa da na yaron. Ina cikin waɗanda suka gan shi ranar da ya faɗo kan yashinmu shi kaɗai, gashin tsuntsu na reto a hannuwansa. Da bakinsa ya ba mu labari. Ya ce ya ja wa yaron kunne kada ya yi sama, yaro ya ƙi ji, ya yi ta hawa har rana ta narkar da kakin, ya rikito cikin teku.

Muka yi masa abin da ake yi wa wanda ruwa ya ci. Muka haƙa kabari ba gawa, uban ya aske gashinsa ya zuba ciki, muka fuskanci teku muka kira sunan sau uku, muka zuba madara da zuma. Tun daga nan babu uwar da ba ta tsawata wa ɗanta da shi. Ni kaina in na ga yaro a ƙololuwar ɓaure cewa nake, "Hau, hau, ɗan Tarsagora, rana na jiranka!"

Mun riƙe tsohon, kuma kada in yi muku ƙarya, ba tausayi kaɗai ba ne. Jirgin da ya haɗa ba ya shan ruwa. Matsar zaitun ɗinmu shi ya yi ta, sakatar kowace ƙofa tasa ce. Sai dai girman kai kamar ya kashe shi. Ka ce masa kujerar da ya sassaƙa maka tana rawa, zai ce ƙasan ɗakinka ne karkatacce. Sarkin Kirit kuma bai haƙura ba. Ya taɓa turo wani da tulunan ruwan inabi, ya ce fatauci ya kawo shi. Ya sake turo wani da ya zo yana ɗingishi wai maganin ƙafa yake nema, da zai tafi muka ga ya manta da wace ƙafar ce. Duk lokacin a kogon awaki muka ɓoye Tarsagora. To yanzu ga na uku, shi kuma a matsayin ɗa ya zo.

Sai dai ko ɗan leƙen asiri ne ko ba shi ba, da bakinsa ya ɗauki sunan wanda aka yi wa jana'iza, don haka matacce ne. Ba a gaishe shi, ba a miƙa masa wuta, ba a ba shi ruwa hannu da hannu, ba ya tsallake bakin ƙofar kowa. Nan take mutane suka dare suka ba shi fili, mata suka janye 'ya'yansu. Ya samu wani tsohon kwalekwale da aka kife ya shige ƙarƙashinsa. Mai tausayi sai ya ajiye masa gurasar sha'ir da 'yan zaitun a kan dutse, yadda ake ajiye wa na kabari, ya juya ba waiwaye.

Hanya ɗaya ce matacce ke dawowa cikinmu: a sake haihuwarsa, uba kuma ya ɗaga shi daga ƙasa a gaban murhu. In ba a yi ba, ba zai ci hunturu a nan ba. Jirgin da ya kawo shi iska kawai yake jira, ranar da ta juya zai tafi da shi.

Na sami Tarsagora a shagonsa yana aikin gizago. Bai ɗago ba.

"Ka ji abin da ya sauka a gaɓa?"

"Na ji."

"Ka je ka gan shi?"

"Na leƙa ta bayan katanga. Yaro na rasa, ko gashin baki bai fara ba. Wancan ƙaton me zan gane a jikinsa?" Ya busa garin katako. "Sarki ya gwada ni da giya, ya gwada ni da gurgu. Ya san abu ɗaya ne ya rage da zai fito da ni fili. Ke da kanki, Melisso, in ke ce sarki me za ki turo?"

Gaskiya ya faɗa, abin da ke raina ke nan. Na shiga sa wa baƙon ido. Kullum sai mai jirgin ya sauko ya tsuguna kusa da shi suna ƙus-ƙus da wani yare. Ma'aikatan jirgin kuma yawonsu ya yi yawa, mai neman ruwa me ya kai shi hanyar kogon awaki? Shi kansa baƙon, in yara suka wuce suna waƙar yaron da rana ta kayar, sai ya bi su da ido ya yi shiru. Na ce a raina, ɗan halak da aka yi wa waƙar zagi ai ko tsaki ya yi.

Ba a magana da matacce, amma ba wanda ya hana magana da katako. Na je na tsaya kan kwalekwalen nan na ƙwanƙwasa shi da sandata.

"Kai jirgi, tambayar mini wanda ke ƙarƙashinka, ina ya shige duk shekarun nan?"

Ya yi 'yar dariya. "Jirgi, gaya wa Inna fataken Sidon ne suka tsamo ni, kafaɗa a karye. Da na warke suka sayar da ni. Na ja filafili a jiragen da ban san iyakarsu ba, har ubangidana na ƙarshe ya 'yanta ni da zai mutu. A Rodos na ga wani kwalekwale na tsibirin nan ya kai cuku, na ga haɗinsa, na san hannun."

"Jirgi, ce masa bawan sarki ma ya san hannun."

"Ya sani, Inna."

"Me kuke ƙullawa da mai jirgi?"

"Roƙonsa nake kada ya tafi ya bar ni ban san matsayina ba."

Amsa a bakinsa kamar an jera masa ita. Wannan ma bai kwanta mini ba.

Da gajimare ya fara sauya hanya, Agelas ya tara dattawa. Wasu suka ce a bar shi ya tafi da iskarsa. Agelas ya ce in ɗan ne fa, muka mayar da shi teku karo na biyu, wa zai tare mana fushin alloli? Aka tsaya kan a yi haihuwar, amma kafin Tarsagora ya taɓa shi zai yi masa duk tambayar da ya ga dama. Maza za su laɓe bayan katanga da masun kifi, wasu su tsare hanyar gaɓa. Aka juyo kaina. Na ce na yarda, don in ya shigo hannuna tsirara babu abin da jikinsa zai ɓoye mini.

Da hantsi aka yi, a tsakar gidan Tarsagora. Tunda ƙofa ta haramta gare shi, ta kan katanga aka zuro shi da igiya kamar buhun sha'ir. Mata suka kewaye mu da mayafai. Na tuɓe shi na wanke shi da ruwan ɗumi, na shafe shi da mai, ina bin fatarsa da yatsa. Tafin hannu kamar ƙahon rago, bayan duk sawun bulala, ƙashin kafaɗar hagu ya haɗe a karkace. Na duba wuya, na duba gadon baya, na ɗaga hammata. Babu tabon ƙuna ko ɗaya. Kakin da ya narke ya kwararo wa mutum a jiki har ya kayar da shi, a ce bai bar ko ɗigo ba? Na ce a raina yau mun shigo da maciji gida da hannunmu. Na yi wa Agelas ido ta saman mayafan na ci gaba da aikina.

Na tsaya na buɗe ƙafafu, mata biyu suka riƙe ni ta hammata, ya rarrafo ta ƙarƙashin zanena ta baya. Dole in yi naƙuda, na kuwa yi ta, don bayana da ma ciwo yake. Matan suka shiga tsokanata.

"Yunƙura, Inna, ga kai nan ya leƙo!"

"Kai! Wannan jariri da gemunsa ya zo!"

"Wa ya yi miki wannan aika-aika da tsufanki, Melisso?"

Na ce, "Mijinki, uwar surutu. Riƙe ni da kyau."

Ya fito ta gaba, aka yanke zaren ulu da aka ɗaura masa a cibiya, aka yi guɗa. Muka naɗe shi da farin ƙyalle tun daga ƙafa har wuya, hannuwa a ciki. Na zauna na ɗora kansa a cinyata na ba shi nono, busasshen abin da ya shekara talatin bai ga ɗigo ba. Ya taɓa da leɓe kawai, yadda al'ada ta ce. Sai na ji jikinsa na rawa, na duba, ashe kuka yake ba sauti. Raina ya ɓaci da kaina, don na ji tausayinsa alhali na san maƙaryaci ne.

Aka kwantar da shi a ƙasa gaban murhu. Abin da ya rage kaɗan ne: uba ya sa hannu ƙarƙashin kafaɗunsa ya raba kansa da ƙasa, maza su taya shi zagaya murhu da shi, ya kira sunansa. Tarsagora ya fito daga shago ya tsaya a kansa, hannuwa a goye ta baya.

"Sunan uwarka?"

"Filinna. Ta mutu ina koyon tafiya."

"Duk fada ta san wannan. Tagar hasumiya ina take kallo?"

"Arewa. Akwai ƙarfe uku, na tsakiya ka shekara kana zuba masa ruwan gishiri don ya cinye shi."

"Masu gadi sun gani bayan mun tafi. Ina muka sami kaki?"

"Ka ce wa sarki za ka zuba masa siffar bijimi ta tagulla, sai da kaki. Kana karɓa kana ɓoye rabi a cikin tulun ruwa."

"Wanda ya fasa tulun ya sani."

Haka suka yi ta yi. Duk abin da ya faɗa daidai ne, ana gani a fuskar tsohon, duk kuma sai tsohon ya nemo wanda zai iya sani. Mutane suka fara gundura, wani ya leƙa ta katanga ya ce iska fa ta juya, ana kwance igiyoyin jirgi. Haƙurina ya ƙare.

Na ce, "Ku tsaya, ni ina da tawa. Ni na wanke shi. Kai jariri mai baki, rana ta narkar maka da kaki a jiki, ina tabon? Ko ɗigo ban gani ba."

Mazan da ke riƙe da masun kifi suka matso bakin ƙofa. Shi kuwa bai dube ni ba, uban yake kallo, ya daɗe yana kallonsa kamar mai jiran a ba shi izini.

"Kakin bai narke ba, Inna."

Ya ci gaba, idonsa a kan uban.

"Ban yi sama ba. Ina bayanka, Baba, daidai inda ka ce in tsaya. Ranar ma hadari ne, ba mu ga rana ba tun da muka tashi. Fiffiken hagu ne ya kwance. Na kira ka. Ka waiwayo, mun haɗa ido. Ba wannan ya kawo ni ba. Na ji waƙar da yara ke yi, ban ce komai ba, su ci gaba da abarsu. In da ka juyo da mu biyu za mu faɗa teku, na sani. Ɗaga ni kawai, Baba, ƙasan nan da sanyi."

Na dubi Tarsagora ina jiran ya daka tsawa. Leɓensa ne kawai ke motsi. Can sai ya sunkuya, murya ƙasa-ƙasa, irin wadda yake yi in an kawo masa abin da ya lalace.

"A kafaɗa, ko a wuyan hannu?"

"A kafaɗa. Ƙullin da ka kwance ka sake, ka ce fatar ta yi gajarta amma za ta kai."

Wayyo! A nan na sani, kuma na rantse da murhun da muke gabansa duk wanda ke da kunne ya sani. Wanda ɗansa ya hau rana ba ya tambayar wane ƙulli. Kunya ta rufe ni, ni da na zo kama maƙaryaci. Hannuwan tsohon suka fito daga bayansa, suka sauka har yatsunsa suka taɓa farin ƙyallen. Na ce a raina, yawwa, ɗaga, ɗaga mana.

Sai ya ɗago kai ya dube mu. Ya dubi Agelas, ya dubi masunta da ke shiga teku kullum a kan katakon da ya haɗa, ya dubi matan da suka yi shekaru suna tsawata wa 'ya'yansu da labarinsa. Ya miƙe tsaye ya mayar da hannuwansa baya.

"Sarki ne ya turo shi," in ji shi. "An koya masa abin da zai ɓata mini suna. Ɗana rana ce ta kashe shi."

Ya shige shago ya ja ƙofa.

Na yi kan Agelas kamar zan cinye shi. Na ce ai ka ji tambayar da ya yi, kowa ya ji! Ya ce ya ji, amma ba kunne ke ɗaga jariri ba, hannun uba ne, kuma babu mai yi a madadinsa. Abin takaici, nan da nan wasu suka kama maganar tsohon da hannu biyu. Wai ai ɗan leƙen asiri mai wayo haka zai yi, ya soki gwani inda zai yi magana. Wai in ƙullin Tarsagora na kwancewa, me ya sa nasu jiragen ba su taɓa nutsewa ba? Na gane tsoro ne ke cin su, gobe da safe a kan aikinsa za su hau ruwa. Har yau da nake ba ku labarin nan ko jirgi ɗaya na sarki bai zo ba, amma je ka gaɓa ka tambaya, za a ce maka ɗan leƙen asiri ne.

Ni na kwance shi. Ya sa tsummansa, aka ɗaga shi ta kan katangar da ya shigo. Mata suka juya baya, don ba a sallama da matacce. Na bi shi da ido yana gangarawa gaɓa, kafaɗar nan a zube. Ƙirjina ya yi mini nauyi kamar na mai jego, na ji kamar ɗan da na haifa ne aka ƙwace.

Da na ga sun ɗaga zanen jirgi iska ta cika shi sai na kasa zama. Kwalekwalen Agelas na da gudu, in aka tashi yanzu za a cim musu kafin su zagaya dutsen bakin tsibiri. Na banke ƙofar shagon na shiga da zagi cike da bakina.

"Tsohon banza, tashi! Ɗanka ne, ka sani na sani. Kalma ɗaya za ka ce a bi su."

Yana zaune kan gungume, ya tuɓe riga. Ya ɗaura igiyar fata a kafaɗarsa ta hagu, ta zagayo ta hammata, da wani ƙulli da ban taɓa ganin irinsa ba. Ya miƙo mini bakin igiyar.

"Ja, Melisso."

"Ka haukace ne? Jirgi na tafiya!"

"Ja, da ƙarfi."

Na fizga don in huce. Ƙullin bai motsa ba.

"Kin gani?" Idonsa ya yi ja, yana murmushi. "Kin gani ko? Haka na ɗaura masa. Daidai haka."

Na naɗe igiyar a hannu biyu, na taka gungumen da ƙafa, na ja da duk haushin da ke cikina. Ƙullin ya zame, igiyar ta taho hannuna, na faɗi zaune cikin garin katako. Ta ƙofar da na bari a buɗe ina hango zanen jirgin ya kai gindin dutse, rabinsa ya riga ya shige.

Tarsagora ya zare igiyar daga hannuna a hankali. Ya mayar da ita kafaɗa, ya kama gefe ɗaya da haƙori, ya ƙulla, ya miƙo mini.

"Sake ja."